Kuwahara-san da Sunan Masassaƙin Jirgi

Ƙarfe shida na safe, kafin masu shaguna su ɗaga ƙyaurensu, Kuwahara Fumie ta riga ta kulle ƙofar gidanta da ke wani siririn lungu a tsohuwar unguwar birnin Nara, ta saƙala jaka a kafaɗa, ta kama hanya. Baƙin da za ta zagaya da su haikalai da wuraren bauta ba za su iso ba sai tara. Awa ukun da ke tsakani nata ne ita kaɗai, amma ba na hutu ba ne. Hanyar da za ta bi da mutane ita take fara takawa. Tana duba wace matakala ce ruwan jiya ya sa ta yi santsi, wane banɗaki aka rufe don gyara, wane benci ne inuwa za ta guje masa da tsakar rana. In ta iso bakin dandalin da bareyi ke kiwo, sai ta tsaya wajen Tsujimoto-san mai sayar da biskit ɗin da baƙi ke ba dabbobin, su taɓa 'yar tsokanarsu ta kullum.

"Fumie, yau ma kin fito ƙidayar duwatsu? Kwantar da hankalinki, ba a sace ko ɗaya ba, na yi miki gadi."

"Bareyinki na zo gani. Wannan mai yagaggen kunnen jiya ya cinye wa wata baƙuwa taswira."

"To in taswira ta fi masa daɗi, laifin wa?"

"Laifin mai biskit."

Tara saura kwata tana tsaye a gaban tashar jirgin ƙasa da 'yar tutarta mai ruwan ɗorawa. Baƙi na isowa tana rusuna musu ɗaya bayan ɗaya, amma idonta a ƙafafunsu yake. Daga takalmin mutum da yadda yake ajiye ƙafa take gane wa zai iya hawan tudu, wa za a nema masa dalilin zama ba tare da ya ji kunya ba. Haka take yi shekara talatin da biyu, cikin zafin watan Agusta da sanyin Janairu. Ranar Asabar ɗin da ta wuce ta naɗe tutar a karo na ƙarshe, tana da shekara sittin da takwas, saboda gwiwoyinta sun daina jin magana. Mu mazauna hanyar da take bi, masu shayi da masu shara da masu sayar da turaren wuta, muka ga bai dace ta koma gida shiru kamar yadda take so ba.

Ba da wannan sana'a ta tashi ba. Mijinta Shozo mai yin tawada ne, irin wadda ake murza baƙin hayaƙi da danƙo a busar da ita sanduna-sanduna. Shekara goma sha huɗu tana taya shi, hannuwanta baƙi ƙirin har gwiwar hannu. Da ciwon zuciya ya ɗauke shi, ya bar ta da 'ya ɗaya mai shekara tara da wurin aikin da ba za ta iya riƙewa ita kaɗai ba, sai ta rufe shi, ta sayi littattafan tarihi, ta zauna jarrabawar masu yi wa baƙi jagora. Ta faɗi sau biyu. A na uku ta ci.

Isobe-san, direban ƙaramar motar da ke kai baƙi haikalan bayan gari, ya yi shekara ashirin da shida yana aiki da ita. In ka tambaye shi wace iri ce, ba ya fara da yabo. "Masifaffiya ce," in ji shi. "Minti ɗaya na makara sai ta duba agogo, ba ta ce komai ba, amma gara ta zage ni." Sai ya yi dariya, sannan ya ba ka labarin mutumin nan mai taye.

Wata rana ce cikin tsananin zafi, wani kamfani ya kawo ma'aikatansa yawo tare da manyansu. A cikinsu akwai wani mutum mai kimanin shekara hamsin, ya ɗaure wuya da taye, yana ɗauke da jakar shugabansa. Kowa na sharce gumi. Fumie ta lura shi kaɗai gumin ya ɗauke masa, fuskarsa ta yi ja, yana taka ƙasa kamar mai tafiya a kan katifa. Ta san ko mutuwa zai yi ba zai ce ya gaji a gaban manyansa ba. Sai ta dafa gwiwarta, ta yi 'yar ƙara.

"Wayyo, ƙafata! Yallaɓai mai taye, don Allah kama ni ka kai ni inuwar can, kai ne na ga kana da ƙarfi."

Ya kama ta, shi da ita suna tangaɗi. Suna isa inuwa ta zaunar da shi, ta kwance masa tayen da hannunta, ta ɗora masa jiƙaƙƙen tawul a wuya, ta yi wa Isobe-san alama ya kira motar asibiti. Likita ya ce da an ƙara minti ashirin a ranar, da sai dai wani labarin. Har yau mutanen kamfanin nan abin da suke faɗa shi ne abokin aikinsu ya galabaita wajen taimakon wata jagora mai ciwon ƙafa. Ba ta taɓa gyara musu zancen ba.

Ke ce wannan, Fumie-san. Kin ceci ran mutum kin haɗa da mutuncinsa, kin tafi da kunyar a jakarki.

Amma abin da ya sa muke wannan rubutu ya faru ne a wani ƙaramin haikali da ke kan tudu a bayan gari, wanda muke kira Haikalin Rijiya saboda tsohuwar rijiyar da ke farfajiyarsa. Matakala ɗari da arba'in ake hawa kafin a kai. A cikinsa akwai mutum-mutumin katako na Kannon, abin bautar da ake wa laƙabi da mai jinƙai, tsayin yaro ɗan shekara goma, baƙi wuluk. Labarin da kowa ya sani shi ne wani makahon masassaƙi ne ya sassaƙa shi shekara dubu da suka wuce, yana laluben itacen da yatsunsa, kuma baƙin nan hayaƙin turaren ƙarnuka ne. Babu jagorar da ta iya ba da labarin nan kamar Fumie. Takan sassauta murya, ta rufe ido, ta ɗaga yatsu kamar ita ce makahon. Mata su yi ta share hawaye, maza su yi ta gyaran murya. Kamfanin da take wa aiki ya sa hoton wurin a shafin farko na takardar tallarsa. Shekara goma sha biyu tana ba da labarin, kusan kullum.

Wata rana da kaka, ta gama bayani, baƙi suka fita kallon rijiya. Wata tsohuwa ta ƙi fita. Ƙarama ce, ta rataye hula a wuya, daga wani ƙauyen masunta na gaɓar Wakayama ta zo. Sunanta Tomeko. Ta tsaya gaban mutum-mutumin, hannuwanta a haɗe.

"Mama, mota na jira, amma kada ki yi gaggawa," in ji Fumie.

"Kin iya ba da labari, 'yata. Har na kusa yarda."

Fumie ta yi murmushi, ta ɗauka wasa ne.

"Babana ne ya sassaƙa shi," in ji tsohuwar, ba ta ko juyo ba. "A rumfar bayan gidanmu. Ni nake share masa ɓawon itacen, ina da shekara sha biyu."

Ta ba ta labarin a tsaye, cikin 'yan kalmomi. Shekara uku bayan babban yaƙin duniya, kaskon wutar da limamin haikalin na wancan lokacin yake jin ɗumi da shi ya kama ɗakin ciki. Aka kashe wutar da wuri, amma tsohon mutum-mutumin ya zama gawayi. A zamanin a rufe yake cikin akwati, sai bayan shekaru masu yawa ake buɗe shi, don haka babu wanda ya sani. Limamin ya ji tsoron faɗa wa mutanen da yaƙi ya riga ya raba da komai cewa wannan ma ya tafi. Sai ya tuna da wani da suka yi soja tare, Ujihara Kanematsu, mai sassaƙa jiragen kamun kifi, wanda ya dawo daga fagen daga da ido ɗaya. Ya je har ƙauyensu ya roƙe shi. Kanematsu ya yi wata takwas yana aikin, ya shafe shi da baƙi, aka kawo shi a ɓoye cikin buhunan shinkafa. Ya yi alkawarin ba zai faɗa ba, kuma har ya mutu bai faɗa ba.

"Me kike so in yi, Mama?" in ji Fumie.

"Ba komai. Zuwa na yi in gan shi kafin ƙafata ta gaza. Kawai dai da kika ce makaho, sai na ji dariya. Ido ɗaya gare shi, kuma yana gani da shi sarai."

Washegari da sassafe Fumie ta hau tudun ita kaɗai. Ta roƙi mai shara ya bar ta ta matsa kusa. Ta durƙusa, ta haska 'yar tocilarta a naɗin rigar mutum-mutumin, ta kai hancinta. Matar da ta yi shekara goma sha huɗu a ɗakin tawada ba a ruɗa ta da baƙi. Hayaƙin turare a sama yake taruwa, ya yi maiƙo, ya bar lungu-lungu da haske. Wannan kuwa ya shiga ko'ina daidai wa daida, kuma ga sawun burushi. Baƙin hayaƙi ne da danƙo, irin wanda hannunta ya murza dubban sau. Ta ce abin da ya fi ƙona mata rai shi ne shekara goma sha biyu tana tsayawa taku uku daga wurin, idonta a rufe, tana wasan makaho.

Ta nemi ganin Liman Hasunuma, ɗan wancan limamin, wanda ya gaji haikalin. Ya karɓe ta a ɗakin baƙi, ya zuba mata koren shayi, ya saurare ta har ta gama. Bai musa ba, bai kuma amsa ba.

"Kuwahara-san, kin ga bokitan nan uku a kusurwa? Rufin nan yoyo yake. Mutanen unguwar da suke riƙe da haikalin nan sun tsufa, 'ya'yansu suna Osaka. Baƙinku ne suke sa fitila ke ci a nan. Ki faɗa min gaskiya, wa zai hau matakala ɗari da arba'in don ya ga aikin mai gyaran kwale-kwale?"

"Ban sani ba, Osho-san," ta ce, da laƙabin girmamawar da ake kiran limamin haikali da shi.

"Kuma mahaifina ya rasu. Ki bar shi ya huta."

"Ba zan tona asirin gidanku ba. Wannan naku ne, ku za ku faɗa ko ku bari. Amma bakina ba zai ƙara faɗin labarin makahon nan ba."

"To me za ki ce wa mutane?"

"Abin da na tabbatar."

Abin da ta tabbatar kuwa kaɗan ne. Ta kawo baƙi gaban mutum-mutumin ta ce, "Wannan itacen kafur ne. Ku dubi hannuwan. Ku dubi yadda kan ya ɗan karkata kamar mai sauraro." Iyakar bayaninta ke nan. Waɗanda suka karanta takardar talla suka fara tambaya, ina labarin makaho? Ta ce akwai shi a rubuce a allon bakin ƙofa, mai so ya karanta. Ba a yi wata guda ba takardun ƙorafi suka taru a ofis. Manajan kamfani ya kira ta.

"Kuwahara-san, mutane ba jarrabawar tarihi suka zo yi ba. Hutu suka zo. Sun biya don su ji abin da zai taɓa musu zuciya."

"Sun biya don su yarda da ni."

"Duk garin nan cike yake da tatsuniyoyi. Kin daina faɗin sauran ne?"

"Sauran ina cewa tatsuniya ce, kuma ba su danne sunan kowa ba."

"Sunan wa wannan ya danne?"

Ta sunkuyar da kai. Ta yi wa liman alkawari, don haka ta bar sunan a cikinta. A makon nan Liman Hasunuma ya aiko da takarda cikin ladabi cewa zai fi so a riƙa turo wata jagorar. Kamfani ya cire ta daga zagayen bayan gari, wanda shi ne mafi daraja, ya mayar da ita tarbar 'yan makaranta a tasha tana ƙirga kawuna. Abokan aikinta suka ɗauka tsufa ne ya fara taɓa ta, ko girman kai. Isobe-san kaɗai ta gaya wa, shi ma sai da ya matsa mata a cikin mota suna cin dunƙulen shinkafa.

"Ke dai kin cika taurin kai," ya ce, bakinsa cike. "Ki sa 'an ce' a gaba mana. An ce wani makaho, shi ke nan. Wa ya kama ki da ƙarya?"

"Lokacin da ban sani ba, 'an ce' ne. Yanzu na sani."

"To tsohuwar ta ce ba ta son komai."

"Isobe-san, mace mai shekara kusan saba'in ta hau jirgi biyu da mota, ta hau matakala ɗari da arba'in. Ka taɓa ganin wanda ba ya son komai ya yi haka?"

Ya haɗiye shinkafarsa.

Wata goma sha huɗu abin ya ɗauka. 'Yarta, wadda a lokacin tana shirin aure, ta yi fushi da ita, tana ganin uwarta ta zubar da matsayin da ta sha wuya ta samu saboda mutumin da ba ta taɓa gani ba. Fumie ba ta kai ƙara wurin kowa ba, ba ta kira ɗan jarida ba, ba ta rubuta wa masana ba, alhali wasiƙa ɗaya ta isa. Abu ɗaya ta riƙa yi. Duk ranar hutunta sai ta hau tudun a matsayin mai ziyara, ta saka kuɗinta a akwati kamar kowa, ta tsaya gaban mutum-mutumin na ɗan lokaci, ta rusuna wa liman in sun haɗu, ta sauko. Ba ta taɓa tayar masa da zancen ba. Shi ya faɗa daga baya da bakinsa cewa da ta yi masa rashin kunya da ya samu sauƙi. Gaisuwar nan ce ta hana shi sakat.

A watan Disamba, ranar da ake kakkaɓe ƙurar shekara a haikalai, ta hau kamar yadda ta saba. Ta tarar ya sallami masu taya shi shara. Yana tsaye a ƙofar ɗakin ciki, ya naɗe hannun riga.

"Kuwahara-san, kina da tocilar nan taki?"

Ya shimfiɗa bargo, ya rungumi mutum-mutumin, ya kwantar da shi a hankali kamar mai kwantar da mara lafiya. Ta haska ƙasan gindin. Itacen a nan fari ne tas, ba a shafa masa komai ba. Da rubutun tawada, hannun mutumin da bai yi nisa a makaranta ba, an rubuta: Ujihara Kanematsu, masassaƙin jirgi, ya yi wannan a madadin wanda ya ƙone. A yafe wa hannuna. A gefe kuma, da ƙananan haruffa karkatattu irin na yara, an rubuta Tome, gajeren sunan 'yarsa Tomeko.

Liman ya zauna a kan dugadugansa.

"Mahaifina ya gaya min kwana biyu kafin ya cika," ya ce. "Shekara ashirin da ɗaya ke nan. Ban taɓa yarda na duba ba, don in ban gani ba zan iya ce wa kaina gigin ciwo ne." Ya shafa askakken kansa, alamar limancinsa. "Ni nake aske kai, ni nake wa mutane wa'azi, amma mai tuta ta fi ni tsoron ƙarya."

"Ba haka ba ne, Osho-san. Ni aikina kawai zan rasa. Kai mahaifinka ne."

Da sabuwar shekara ya tara mutanen unguwar ya faɗa musu, goshinsa a kan tabarma. Wasu suka tashi suka fita. Wani dattijo ya ce shekara hamsin yana kai kukansa gaban katakon jirgi, bai ƙara hawa tudun ba har ya rasu. Kada mai karatu ya ɗauka gaskiya ta zo da riba nan take. Kamfani ya cire haikalin daga zagayensa gaba ɗaya. Masu ziyara suka ragu da fiye da rabi. Bokitan nan uku suka zama biyar, kuma sai da suka ƙara shekara huɗu a kusurwa kafin a iya gyara rufin. Fumie ta san da hannunta a cikin wannan, ba ta kuma taɓa cewa ba ruwanta ba. Ranakun hutunta ta mayar na haikalin. Ta riƙa tara duk wanda ya yarda, mutum uku, mutum biyar, ta kai su a motar haya ba tare da ta karɓi ko yen ɗaya ba.

A ɗaya daga cikin waɗannan ranaku, lokacin da itatuwan ceri suka yi fure, aka kawo Tomeko. Tun bara ɓarin jikinta ya shanye, tana kan keken marasa lafiya, maganarta ba ta fita sosai. Fumie ce ta rubuta wa danginta, Isobe-san kuma ya ba da ranar hutunsa ya ɗauko ta tun daga gaɓar teku. A gindin matakala aka tsaya ana kallon-kallo. Sai ga liman ya sauko da kansa, ya kama gaban keken. Isobe-san ya kama baya, wasu baƙi biyu da ba su san kowa ba suka kama gefe da gefe. Sau shida suna hutawa.

A ɗakin ciki mutum tara ne. Fumie ta tsaya inda ta saba tsayawa. Wannan karon ba ta rufe ido ba, ba ta sassauta murya ba.

"Wanda ya sassaƙa wannan sunansa Ujihara Kanematsu. Jiragen kamun kifi yake yi. Ya dawo daga yaƙi da ido ɗaya. Ya yi wata takwas a kan aikin nan, ya san ba za a taɓa ambatonsa ba, kuma bai rage komai ba. Na yi shekara goma sha biyu ina ba mutane wani labarin daban a wurin nan. Na yi kuskure. Ga 'yarsa nan, ita ta share masa ɓawon itacen."

Kowa ya juya. Tsohuwar tana ta motsa baki, tana nuna mutum-mutumin da hannunta mai lafiya. Fumie ta durƙusa ta kai kunnenta, sannan ta ɗago tana dariya, hawaye na zuba.

"Ta ce kunnuwan na mamarta ne. Wai da mamar ta gani sai da ta yi kwana uku ba ta yi masa magana ba, ta ce ya yi musu girma."

Dariya ta ɓarke a ɗakin, har da liman. Tomeko ta rasu da damina ta wannan shekarar. Sunan mahaifinta yana nan a sabon allo a bakin ƙofa, liman ne ya rubuta da hannunsa. A hankali mutane suka dawo, ba irin na da ba. Yanzu kafintoci ne ke hawa, da masunta, da 'ya'yan waɗanda suka yi aiki duk rayuwarsu ba a taɓa kiran sunansu ba. Bayan shekara biyar kamfani ya mayar da haikalin cikin zagaye, ya mayar da Fumie, ba tare da kowa ya ce mata a yi haƙuri ba. Ita ma ba ta nema ba.

Ke ce uwar baƙi, Fumie-san, mai tsayawa a rana ta tura mutane inuwa. Ke ce kika ajiye labarin da ya fi kowane jawo miki tafi, a lokacin da babu mai tilasta miki, kika kuma riƙe asirin wanda ya kore ki har ya ga dama ya faɗa da kansa. Mun ga masu gaskiya da yawa waɗanda gaskiyarsu ke barin rauni a jikin mutane. Taki ta yi jira wata goma sha huɗu a bakin ƙofa tana gaisuwa.

Ba za mu ce ba ki da aibi ba, don za ki fara gyara mana. Kina da saurin hasala da mai ɗaga murya a wurin ibada. Kin taɓa tsayar da zagaye cak har sai da wani babban mutum ya koma ya ɗauki takardar alawar da ya yar. 'Yarki ta ce ba ta tuna ranar Lahadi ɗaya da kuka yi tare tana ƙarama. Kin san wannan, kuma mun san yana damunki.

Ranar Asabar, da ta sallami baƙinta na ƙarshe a gaban tasha, wata mata daga cikinsu ta tambaye ta me za ta yi ranar Litinin. Fumie ta laluba jaka ta fito da tikiti. Na kamfanin ne, zagayen yini guda, da kuɗinta ta saya. Ta ce shekara talatin da biyu tana tafiya da baya-baya tana kallon fuskokin mutane, yanzu tana so ta bi sahun wani, ta tsaya a ƙarshen layi, ta ɗaga kai ta ga rufin haikalan nan da take ta nuna wa jama'a. Tikiti biyu ne ma, ɗayan na 'yarta.

Isobe-san ya leƙo ta tagar mota. "Wayyo jagoran ranar Litinin! Kin yi alkawari za ki yi shiru?"

"Zan yi shiru."

"Ke ɗin?"

"To, sai dai in ya yi kuskure."

Mun gode, Kuwahara-san. Mun gode a madadin dubban mutanen da suka bi bayanki suka koma gida lafiya ba su ko riƙe sunanki ba, da kuma a madadin wani masassaƙi da ba ki taɓa gani ba. Ku kuma masu tasowa a wannan aiki, da duk wanda sana'arsa ta sa mutane ke buɗe kunne su yarda da shi, malami ne ko mai shago ko mai rubutu irinmu, ku dubi matar nan. Ranar da kuka gane abin da kuke faɗa ba haka yake ba, ku daina faɗa, ko da shi ne abin da ake tafa muku. Za a iya mayar da ku ƙirga kawuna a tasha. Ita ma an mayar da ita, ta kuma ƙirga su daidai, babu yaro ɗaya da ya ɓata.

Ki huta, Fumie-san. Ki riƙe hannun 'yarki a kan matakala, ki hau a hankali. Wannan karon babu wanda yake jiran ki a gaba, mu ne muke bayanki.